Yadda Na Koya wa Ango Faɗuwa

In ka ga dama ka yarda, in ka ga dama ka ce rana ce ta buge ni a kasuwar Talata har kaina ya juye. Amma wallahi ni da idona na ga mutum mai lafiya, mai digiri, mai mata da ɗiya, ya zo har ƙofar gidana ya roƙe ni in koya mishi yadda ake faɗuwa jarrabawa. Kuma na koya mishi. Duk tsawon zamana a aikin gwamnati, wannan kaɗai ne aikin da anka taɓa nemana da shi don an tabbata babu wanda ya fi ni iyawa.

Mu malaman gona ne. Aikinmu yawo bisa babur daga fadamun Bakura zuwa ƙauyukan Maradun, muna duba shinkafa da gero, muna gaya wa mutane lokacin zuba taki da irin maganin da za su fesa. Ofishinmu a Mafara yake, ɗaki biyu da baranda da wata bishiyar dogon yaro da ta girmi ginin. Benci gare mu da kujerun roba, sai kujera guda ta katako mai hannu, ta shugaban sashe. Ba wata kujerar kirki ba ce, ƙafarta ɗaya ma da bulo anka tallafe ta. Amma da za ka ga yadda manyan mutane ke satar kallonta, sai ka rantse gadon sarauta ne.

Hanyar hawa kujerar nan guda ce tun kafin a haife ni: layi. Wanda ya riga ka shiga aiki shi zai riga ka zama, ko da kuwa bai san bambancin shinkafa da tofa ba. Kuma ba kujera kaɗai ba. In mai fura ta zo da azahar, ludayi daga babba yake farawa ya gangaro. In an kawo sabon babur, babba zai hau, nashi ya faɗa hannun na bayansa, haka haka har wanda zai iso gare ni, wanda sai an haɗa turi da addu'a yake tashi. Ba wanda ke fushi. Kowa ya san in dai ya yi haƙuri bai mutu ba, wata rana ludayi zai fara daga kansa.

A lokacin da nake ba ka labari, mai kujera ya yi ritaya, kuma na bakin layi shi ne wani dattijo da duk muke ce wa Baba. Dogo ne, gemunsa fari fat, ba ya dariya sai dai ka ga kafaɗarsa ta motsa. Shi ma ritayarsa ta matso, in bai hau yanzu ba, to, ya yi bankwana da ita.

Can ƙasan layi kuma akwai Ango. Taubashina ne, uwarsa ƙanwar ubana, saboda haka ina da lasisin zolayarsa har kabari. Yaron nan kansa na ja. Shi ne mai haɗa rahoto a kwamfuta, shi ne wanda in ya duƙa ya tsinki ganye ya juya shi zai gaya maka abin da ke damun gonar da abin da zai dame ta baɗi. Muna ce mishi Ango ne saboda ɗiyar Baba yake aure, kuma ko da yake har sun haihu sun yaye, sunan ya manne.

To, ka san surukuta irin tamu. Ango bai taɓa kama sunan Baba ba. Akwai wani manomi a Bakura mai suna irin na Baba, shi ma albarkacin haka ya rasa sunansa, sai dai “mai gonar bakin kanal”, don gonarsa na gefen hanyar ruwan noman rani. Ango ba ya cin abinci inda Baba yake, ba ya zama benci ɗaya da shi, in sun yi kiciɓis a baranda sai ka ji takalmi ya fita, gwiwa ta kai ƙasa. Baba kuma bai taɓa duban fuskarsa ba. To, ya ake aiki? Ni ne wayar.

“Ka shaida wa su Baba an kawo irin nan,” in ji Ango, yana kallon bango.

Baba na nan zaune, tazarar da in ya yi atishawa sai ta jiƙa hular Ango. Sai in juya in ce, “Baba, wai an kawo iri.”

“Ka ce wa mutanen ɗakin can an ji.”

“Ango, wai an ji.”

Haka munka yi shekaru. Ni dai abin bai taɓa gundurata ba, don kullum ina son in ga iyakar inda kunya za ta iya kai ɗan Adam.

Sai ga sabon tsari daga sama. Wai daga yau an daina layi, cancanta za a bi. Duk wanda matakinsa ya kai, zai zauna gaban kwamiti a yi mishi tambayoyi, wanda ya fi shi zai hau. Da anka duba, mu uku matakinmu ya kai: Baba, da Ango saboda digirinsa ya tsallakar da shi, da ni, wanda har yau ban san ta ina na shiga ba.

Ranar gindin dogon yaro ya koma majalisa. Manya sunka ce wannan rashin kunya ce anka sa wa hula. Mutum ya ƙare ƙuruciyarsa yana jira, bai tsallake kowa ba, ya iso bakin tukunya a ce an sauya ludayi? Kuma wa ya ce cancantar za a bi? Layi dai kowa na ganinsa da ido, ba a iya ɓoye tsufa. Ita kuwa cancanta, in ji su, a ɗaki ake auna ta ƙofa rufe, wa ya san wanda zai sa yatsa bisa sikeli? Yara sunka ce to in dai jira ne gwaninta, a ɗora dogon yaron nan bisa kujerar mana, ai ya riga kowa zuwa. Ni kuwa ina tsakiya, in ba wannan gaskiya in ba wancan, don na lissafa na ga ko wanne anka bi ba ni da rabo. Abin da ke cin raina guda ne: in Ango ya ci, ya za a yi shugaba ya ba da umarni ga mutumin da yake durƙusa wa?

Ashe abin da ke hana shi ma sakat ke nan. Wata safiyar Asabar ina wanke babur sai ga shi, fuska kamar an aiko mishi da rasuwa. Munka gaisa, ya tambayi gida, ya tambayi gajiya, ya tambayi ruwa, har ya tambayi akuyata. Sannan ya ce:

“Taubashi, taimako nika so. So nike in faɗi.”

“Ka faɗi mi? Magana?”

“Intabiyun nan. Kar in ci.”

Na ajiye soso. Na ce to ya janye mana. Ya ce ya gwada, an ce wanda ya ƙi shiga an ɗauka ya raina tsari. Kuma in ya janye, gari zai ce Baba bai iya ba sai da anka share mishi hanya. So yake ya shiga, ya faɗi faɗuwa mai kyau wadda ba wanda zai gane da gangan ce.

“Ka duba,” ya ce. “Mutumin nan ya ba ni ɗiyarsa ina bisa keke. Tun gemunsa na baƙi yake jiran kujerar ga. In hau in bar shi a benci? In ya makara ni zan tambaye shi dalili? Da wane bakin? Innata ma ta ce in na zauna bisa kan surukina kar in sake taka mata zaure.”

“To, mi ya sa ni ka zo wa?”

“Duk danginmu wa ya kai ka sanin faɗuwa?”

Na so in ji haushi, amma gaskiya ɗaya ce. Na ce ya zauna.

Nan na gane faɗuwa ma baiwa ce, ba kowa Allah ke ba ba. Na ce bari in gwada shi. “Manomi ya zo ya ce ganyen shinkafarsa ya yi rawaya bayan dashe. Mi za ka ce mishi?” Kafin in rufe baki yaron nan ya kama zuba kamar famfo: a fara duba ruwa ko ya kwanta ya daɗe, a tuge guda a ga saiwa, a lura tsohon ganye ne ya fara ko sabo, kar a yi gaggawar zuba taki. Na daka mishi tsawa. Na ce haka za ka faɗi? Ya ba da haƙuri, ya ce bakinsa ne.

Na ce to saurara. Kar ka ba da amsar banza, don za a gane. Mai faɗuwa na gaske ba ya cewa bai sani ba, kuma ba ya faɗin ƙarya. Kewaye yake. Ka fara da godiya ga kwamiti. Ka yaba tambayar, ka ce tambaya ce mai muhimmanci. Ka kawo tarihin shinkafa tun daga kakanni. In an matsa maka ka ce, “Ya danganta.” In an ce da mi, ka ce da yanayi. In an ce wane yanayi, ka ce ai shi yanayi iri-iri ne. Kana yi kana gyara hula, har mai tambaya ya manta abin da ya tambaya.

Yaron nan har zufa yake. Sai ya ɗauko kewaye tiryan-tiryan, ya kai tsakiya, sai amsar gaskiya ta kuɓuce mishi kamar tusa a sallah. Mu koma farko. Amma da yake mai ƙwaƙwalwa ne, kafin mako ya zagayo ya fara fin malaminsa. Ran nan na tambaye shi ƙarfe nawa, ya ce ya danganta.

Ana cikin haka Baba ya ce in kai shi Janbako duba wata gonar gwaji, wai babur ɗinsa na wurin gyara. Hanyar Janbako kuwa ka san ta, in ka shiga da tuwo a ciki kunu za ka fito da shi. Muna tafe yana riƙe da kafaɗata. Sai da munka tsaya gindin wata tsamiya in huce hannu, ya laluba aljihu ya fito da sabon tabarau, ya maƙala, ya ciro wani ɗan littafin koyar da malaman gona da ya sha jiki.

“Kai,” ya ce, “yi mini tambaya irin ta mutanen nan.”

Na dube shi. Ban taɓa ganin Baba na neman abu wurin kowa ba.

“Baba, kai da ka haddace gonakin ƙasar ga?”

“Gona daban, bakin kwamiti daban. Ban taɓa zama gaban wani ya auna ni ba. Na bi layi, na ga ragwaye sun hau na yi shiru, na ga gwanaye sun hau na yi shiru, don na san nawa na tafe. Yanzu an ce a gwada. To, a gwada. Ina son kujerar nan, ba zan ɓoye maka ba. Ina son ko wata guda ne in zauna a kanta kafin in koma gida. Amma in za ta zo, ta zo da ƙafarta.”

Ka ji fa. Da safe in koya wa suruki faɗuwa, da yamma in koya wa suruki ci. Ni da ban taɓa cin komai ba sai tuwo. Sau da yawa maganar ta zo mini har maƙogwaro in gaya wa Baba abin da ake shiryawa, sai in haɗiye. Amana ce, i, amma kar in yi maka ƙarya, har da son in ga yadda wasan zai ƙare.

Ranar intabiyu kwamiti sunka iso daga Gusau a makare. Shugabarsu wata Hajiya ce mai tabarau a karan hanci, irin waɗanda in sun dube ka sai ka tuna duk ranar da ka yi fashin aiki. Ta ce su fa ba za su kai la'asar a hanya ba, kowa ya san halin da ake ciki, saboda haka ba za a kira mu ɗaya-ɗaya ba. Mu shigo mu uku gaba ɗaya.

Na dubi Ango, shi ma ya dube ni. Duk shirinmu a kan ƙofa rufe munka yi shi. Ba mu taɓa kawo cewa Baba zai kasance a ɗakin ba.

An ajiye mana benci guda. Baba ya zauna, na zauna. Ango ya tuɓe takalmi a bakin ƙofa, ya raɓo ta jikin bango, ya durƙusa a ƙasa can ƙarshen bencin.

“Malam, nan ba masallaci ba ne,” in ji Hajiya. “Hau benci.”

Ango ya sunkuyar da kai. Na ce, “Ranki ya daɗe, surukinsa ne wannan. Ɗiyarsa yake aure.”

Ta sauke tabarau ta dube su, ta dubi abokan aikinta. “Ikon Allah. To, zauna inda ka ga dama, bakinka muke so ba gwiwarka ba.”

Da ni anka fara, kuma ba zan ɓata maka lokaci ba. Na yi abin da na saba, har ɗaya daga cikinsu ya ce in tsaya haka nan, Allah ya yi albarka. Baba kuwa ya ba ni mamaki. An tambaye shi yadda zai raba ma'aikata a ƙauyuka, har da wuraren da shiga ke da wuya irin su Gidan Goga, ya yi bayani a natse, ba ƙari ba ragi. Da anka zo kan aika rahoto ta kwamfuta ya ce, “Wannan ban iya ba, sai dai in sa a yi.” Hajiya ta rubuta wani abu.

Sai ta juya ga Ango. Kuma don Allah ya nuna mini ikonsa, tambayar da ta fito ita ce tawa: shinkafa ta yi rawaya bayan dashe, mi za ka gaya wa manomi?

Ango ya gyara hula. Ya gode wa kwamiti. Ya ce tambaya ce mai matuƙar muhimmanci. Ya ce ita shinkafa, in an duba, tun zamanin kakanni ake nomanta a fadamun nan. Hajiya ta ce ta sani, rawayar fa? Ya ce ya danganta. Ta ce da mi? Ya ce da yanayi. Wallahi sai da ƙwalla ta taru mini don alfahari. Ko ni ban taɓa kewaye mai tsabta haka ba.

Sai na ji benci ya motsa. Baba ya yi gyaran murya. Na ɗauka zai ce mini, “Ka ce wa mutanen ɗakin can,” har na karkata kunne. Ina! Mutumin nan ya juya gaba ɗayansa, ya tsallake ni da ido, ya dubi Ango tsakiyar fuska. Tun ranar ɗaurin aure ba a taɓa ganin haka ba.

“Kai,” ya ce. “Bara a Bakura, bakin kanal, ina bayan bukka ina jinka kana yi wa mai sunana bayanin wannan ciwon. Ba ka ce mishi ya danganta ba. Buɗe baki ka gaya wa baiwar Allah abin da ka sani.”

Ango ya ce, “Baba...” Wannan ma shi ne karo na farko da na ji ya yi mishi magana ba ta bakina ba.

“Ban ce ka kira ni ba. Amsa na ce ka ba da.”

To, ya ba da. Kansa a ƙasa, kamar siminti ne ya yi tambayar, ya zayyano ruwa da saiwa da tsohon ganye da sabo, ya ƙara da abin da ko a littafin Baba babu. Hajiya ta ƙara mishi wata, ya amsa. Ta ƙara, ya amsa. Yana amsawa hawaye na ɗiga bisa gwiwarsa. Baba kuwa ya mayar da ido ga bango, ya koma surukinsa sak, kamar ba shi ya yi magana ba.

Da sakamako ya fito, Ango anka ba.

Ranar da ya kama aiki kowa ya zo da wuri, har waɗanda ba a gani sai ƙarshen wata. Ango ya shiga ya tsaya bayan kujerar nan yana riƙe da hannunta, ya kasa zama. Baba ya zo ya tsaya daga waje ta taga, ya ce da ni, “Ka gaya wa shugaba na iso, ina zai tura ni yau?” Na juya na faɗa. Ango ya ce, “Ka shaida wa su Baba, in ba takura, ko za su leƙa Bakura.” Na juya na faɗa. Baba ya ce, “Ka ce an ji.” Sai da ƙarar babur ɗinsa ta ɓace sannan yaron nan ya ɗosana a bakin kujerar, kamar mai zaman makoki. Innarsa kuwa sai da Baba da kansa ya aika mata kafin ta buɗe mishi zaure.

Da azahar mai fura ta zo, ludayi ya fara daga Baba kamar kullum, don wannan kwamiti bai taɓa shi ba. Ango na ciki bai fito ba. Na matsa kusa da Baba a gindin dogon yaro. Na ga idonsa ya je kan tagar ofishin ya dawo. Abin da ke cina tun ranar ya ƙi barina.

Na ce, “Baba, don Allah in tambaye ka. Kai ka ce mini kana son kujerar nan ko wata guda ne. Ga ta an miƙo maka har hannu, yaro ya sha wahala ya koyi faɗuwa, malaminsa ma ya sha wahala. Da ka yi shiru na ɗan lokaci kaɗan, da yanzu kai ne a ciki. Mi ya sa?”

Ya shanye furarsa, ya share gemu, ya miƙa mini ludayin ba tare da ya dube ni ba.

“Ɗiya na ba shi, ban ce ya biya ni da kujera ba. In hau abin da suruki ya durƙusa ya bar mini, bisa katako na zauna ko bisa bayansa? Kai kuma da ke ta tambaya, in layi ne ba ka kai ba, in cancanta ce ba ka da ita. Sha furarka ka je ka ji ko shugaba na da aike.”